Rahoton Ayyukan Shekara ga 'Yan Ƙungiya

'Yan uwa, barkanmu da ganin ƙarshen shekara.

Da kuɗin ƙungiya zan fara, don shi ya fi ci mini tuwo a ƙwarya. Akwai waɗanda ko na bara ba su biya ba, balle na bana. Na tura saƙo, na buga waya, har na fara jin kunya kamar aljihuna za a zuba wa.

Aikin kwafe rubutun kaburbura a tsohuwar maƙabartar cocin Kirk Braddan, a nan Tsibirin Man, bai ƙare ba, kuma kada wanda ya ɗora mini laifi. Duwatsun da suka rage gansakuka ta cinye su, sai mutum ya durƙusa ya haska tocila ta gefe kafin harafi ya fito. Mu 'yan ƙalilan ne kullum, ga ruwan sama. Masu cewa ai komai na iMuseum, shafin intanet na kayan tarihin tsibirin, su tuna rajistar haihuwa ba ta zama dole a Tsibirin Man ba sai 1878. Kafin nan sai littattafan coci, inda sunaye irin su Quayle da Kelly da Kermode ke maimaituwa har kai ya yi zafi. Shi ya sa wasiƙun jikokin waɗanda suka yi ƙaura zuwa Cleveland ta Amurka tun shekarun 1820 ke nan jibge ba amsa.

Taron wata-wata an yi shi.

Amma daren Hop-tu-Naa, bikin gargajiyar tsibirin na 31 ga Oktoba, kai, ya wanke mana zuciya! Yara suka rarake tanif, wata saiwa mai dunƙule da ake ci, ba kabewa ba, suka kunna fitila a ciki. Wata tsohuwa ta ba da labarin Buggane, dodon da ya dinga yaye rufin cocin St Trinian's, da telan da ya zauna ciki yana ɗinka wando. Da ta shiga na Moddey Dhoo, baƙin karen ganuwar Peel, wani yaro ya ƙanƙame rigar uwarsa, bai saki ba har aka tashi. Mun naɗi muryarta. Ba don an naɗi ta Ned Maddrell, na ƙarshe cikin waɗanda suka tashi da harshen Manx na tsibirin, kafin rasuwarsa a 1974 ba, da yau sai dai mu ji a bakin wasu.

Waɗanda ba mu gani sai ranar shan shayi, maƙabarta na jiranku da bazara. Ku zo da tocila, da kuɗinku a hannu.

Magatakarda