A kwafe tsofaffin kaset-kaset tun masu gane fuskokin ciki suna raye

Malam Edita, assalamu alaikum.

Ina roƙon ɗan fili in yi magana kan tsofaffin hotuna masu motsi na Maraɗi, waɗanda ke mutuwa a cikin akwatuna ba tare da kowa ya yi musu zaman makoki ba.

Kaset ba ya jure zafinmu da ƙurar hunturu. Bayan shekara 20 zuwa 30 zarensa yakan manne, hoton ya dushe. Fim ɗin silima na da kuwa, in ya tashi lalacewa sai ya fara warin tsami, ya ƙanƙance, ya karye. Abin da ya fi tayar mini da hankali shi ne injin kunnawa: tun 2016 aka daina ƙera na kaset ɗin bidiyo irin VHS a duniya, kuma masu gyaransa a kasuwarmu sun koma gyaran salula.

To me ke ciki? Akwai gasar kokowa ta neman takobi, wadda aka fara a Tawa a 1975, inda Kantu ɗan Maraɗi ya zama sarki na farko. Filin kokowarmu da sunansa ake kiransa, amma yaranmu nawa suka taɓa ganin yadda yake kama mutum? Akwai babban taron yaƙi da hamada da aka yi a nan garin a 1984, akwai wasannin samariya, da hawan salla a ƙofar fada. Kada kuma a raina na gidajen mutane. Mai kyamarar da aka ɗauko ya ɗauki biki, ai ya ɗauko har da tufafin zamanin, da makaɗa, da fasalin unguwa kafin a rushe ginin ƙasa.

Na san wasu hotunan mulkin mallaka suna ajiye a Faransa, wajen INA, hukumar adana shirye-shiryen rediyo da telbijin ta ƙasar, wasu kuma na gidan telbijin na ƙasa suna Yamai. Nemo su wajibi ne. Sai dai kwafewa a kwamfuta rabin aikin ne. Hoton da ba a san wane ne a ciki ba, ko a ina aka ɗauke shi, ko a wace shekara, kallo ne kawai. Waɗanda za su duba su ce "wannan wane ne, nan bakin Gulbi ne" dattawan unguwannin Bagalam da Mokoyo da Ɗan Gulbi ne, kuma kullum raguwa suke.

Shawarata ga Jami'ar Ɗan Dikko Ɗan Kulodo ita ce ta ware ɗaki guda da injuna masu aiki. Mai kaset ya kawo, a kwafe, a mayar masa da abinsa tare da kwafi. Ɗalibai su kafa majigi a unguwanni da dare, dattawa na faɗin sunaye suna rubutawa. Na bikin iyali kuma, kada a saka shi a Facebook sai da yardar masu shi, domin akwai matan aure a ciki.

Naku,
Wani tsohon malamin makaranta, unguwar Zariya, Maraɗi