Rahoton Kwamitin Gyaran Tsohon Sito Don 'Yan Gudun Hijira: Inda Kuɗinku Suka Shiga

Assalamu alaikum warahmatullah.

Juma'a uku ke nan a jere, da an sallame sai wani ya tare ni ko ma'ajinmu a ƙofar masallaci da tambaya ɗaya: "Malam Sakatare, wai ina kuɗin nan suka shiga ne?" Wasu cikin raha suke yi, wasu kuwa babu alamar dariya a fuskarsu. Har labari ya iso mana daga teburin mai shayi cewa kwamiti ya haƙa rami ya binne kusan miliyan biyu. Duk wanda ya ciro kuɗi daga aljihunsa yana da haƙƙin ya tambaya, kuma maganar ramin nan ba ƙarya ba ce gaba ɗayanta. Shi ya sa muka ga gara mu rubuta komai kowa ya karanta, maimakon a ci gaba da ji a bakin wani.

Kowa ya san yadda abin ya fara. Mutanen da 'yan bindiga suka kora daga ƙauyukan Giwa, ta wajen Kidandan da Fatika da Galadimawa, da wasu daga Birnin Gwari da Sabuwa, sun riƙa biyo hanyar Shika suna sauka a unguwarmu. Mai ɗan uwa ya raɓa da ɗan uwansa, marasa kowa kuma Malam Liman ya buɗe musu azuzuwan Islamiyya, su kwana da dare su naɗe tabarmi kafin yara su zo. A ƙarshen 2023 magadan wani dattijon unguwa, Allah ya jiƙansa, suka ba da tsohon sitonsa na auduga waƙafi. Mai Unguwa ya tara mu, aka kafa kwamiti na mutum tara, aka yarda a yanka siton ɗaki goma sha huɗu, a yi banɗaki, a samar da ruwa.

Tun a zaman farko wani ya ce me zai sa mu wahalar da kanmu alhali akwai ƙungiyoyin duniya masu kuɗi. To, mun gwada. Mun rubuta wa ƙungiyoyin agaji uku, ɗaya ce kawai ta amsa, kuma ma'aikacinta, wani ɗan Zazzau mai mutunci, ya zaunar da mu ya yi mana bayanin da ba mu taɓa sani ba. A Hausa duk wanda ya gudu daga gidansa ɗan gudun hijira ne, amma a wurinsu ba haka ba ne. Yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya ta 1951 kan 'yan gudun hijira tana magana ne a kan wanda ya ƙetare iyakar ƙasarsa. Bazamfaren da ya tsallaka Maraɗi ya shiga wannan lissafi, kamar yadda dubban mutanen Sakkwato da Zamfara da Katsina suka shiga tun 2019, amma wanda ya taso daga Fatika ya tsaya a Zariya yana nan a wuyan gwamnatin ƙasarsa, kuma abin da Yarjejeniyar Kampala ta 2009, ta ƙasashen Afirka, ta tanada ke nan, wadda Najeriya ta amince da ita a 2012. Ban da haka, babban shirin agajin gaggawa na Majalisar Ɗinkin Duniya a Najeriya jihohi uku ya sa a gaba, Borno da Adamawa da Yobe. Ba mu ga laifin kowa ba, domin a 2024 an ce mutanen da aka raba da muhallinsu a duniya sun haura miliyan 120, ga Sudan ga Gaza ga Yukren, sannan a farkon 2025 Amurka ta dakatar da yawancin tallafin da take bayarwa. Abin da muka fahimta dai shi ne babu wata farar mota da za ta shigo layinmu da siminti. Mun faɗi wannan ne don masu raɗe-raɗin cewa an ba kwamiti dala: ko sisi ba mu karɓa daga waje ba. Duk abin da ya shigo, naira 16,240,000, daga hannunku ya fito.

Ginin kansa bai ba mu wahalar da muka zata ba. Gara ta cinye katakon rufi tas, aka kware shi aka sa sabo, kwano da katako da ƙusa da kuɗin kafinta suka ci 2,600,000. Bulo da yashi da tsakuwa da rodi 1,900,000, ƙofofi da tagogi na ƙarfe 1,150,000, birkila da lebura 1,200,000, banɗaki shida da raminsu 1,300,000. Siminti ne ya ɗan girgiza mu. Mun yi lissafin buhu 260 a kan 5,500, muka sayi 80 na farko a haka. Sai ga Fabrairun 2024, farashi ya yi tashin gwauron zabo har gwamnati ta kira masu kamfanonin siminti zama a Abuja. Mun dakata makonni muna jiran ya sauko, amma bango a buɗe yake ga damina na tafe, dole muka sayi sauran 180 a kan 9,000. Siminti ya tashi 2,060,000, wato ƙarin 630,000 a kan lissafinmu. A nan ne ɗakuna huɗun gefen gabas suka fara zamewa daga hannunmu.

Yanzu sai maganar rami.

Ba sai an gaya wa mutumin Zariya matsalar ruwa ba. Rijiyoyin unguwarmu suna ƙafewa tun kafin bazara ta yi nisa, kuma ba za ka tara mutum sama da sittin a gida ɗaya, yawancinsu mata da yara, ka ce su dogara da 'yan garuwa ba, mutanen da ba su da kuɗin gari balle na jarka. Banɗaki shida babu ruwa kuma gayyatar kwalara ce. Don haka babu wanda ya yi gardama a kan haƙa burtsatse. Inda aka yi gardama shi ne awon ƙasa. Wani ɗanmu da ya karanci ilimin duwatsu a jami'a a Samaru ya ce lallai a kira masu na'ura su auna kafin a kafa inji, kuɗinsu 150,000. Ya yi mana bayani cewa ƙarƙashin Zariya dutse ne irin na Kufena, ba yashi ba. Ruwan yana kwance ne a cikin ruɓaɓɓen dutsen da ke sama da kuma cikin tsagogi, kana iya samun ruwa a nan, ka matsa taku ashirin ka tarar da fa zalla. Mu kuma a lokacin zafin siminti bai sake mu ba, ga maƙwabcinmu na bayan sito yana da burtsatse mai ruwa, ga mai haƙa yana cewa ya yi aiki a yankin nan ba sau ɗaya ba, ya san ƙasar kamar yunwar cikinsa. Aka kaɗa ƙuri'a, mutum shida suka ce a wuce kai tsaye, uku suka ce a auna. Ina cikin shidan, ba zan ɓoye ba.

Kwana biyu inji yana ruri. Mita talatin, ƙura. Mita hamsin, farar ƙura kamar garin rogo. Mai haƙa ya ce a ƙara, ruwa na kusa, muka ƙara har mita saba'in, abin da ya fito bai cika bokiti biyar a awa ba. Garin neman gira muka rasa ido: don gudun kashe 150,000 muka zubar da 1,750,000.

Ana tambayarmu me ya sa muka biya shi tunda babu ruwa. Amsa ita ce haka sana'ar take, kuma haka muka sa hannu. Mai haƙa zurfi yake sayarwa, kowace mita da kuɗinta, gas ɗin da injinsa ya sha ba zai dawo ba, kuma kun san abin da man ya koma tun 2023. Duk da haka ba mu naɗe hannu ba. Shugaban kwamiti da Malam Liman sun taka har gidansa sau biyu, ya dawo mana da fayif ɗin da bai shiga ƙasa ba, ya kuma yi alkawarin ba zai karɓi kuɗin kawo inji ba idan za a sake. Masu cewa ɗan uwan wani ne a kwamiti, su zo su faɗi ɗan uwan wa. Farashi uku muka karɓa a rubuce, nasa ne mafi sauƙi, takardun suna wurin ma'aji. Kuskure muka yi, kuma mun karɓa. Amma kuskure daban, cin amana daban, kuma muna roƙon masu magana su ji tsoron Allah su bambance.

Kusan wata takwas aikin ruwa ya tsaya don babu kuɗi. A tsawon wannan lokaci iyayenmu mata na unguwa ne suka riƙa barin baƙin nan su ɗebi ruwa a gidajensu, wasu har suna biya musu 'yan garuwa. Da rani ya kama muka kira masu awo, aka biya 150,000 ɗin nan da muka guda, na'ura ta nuna kusurwar kudu, taku talatin da ramin farko. A mita arba'in da biyar ruwa ya yi tsartuwa sama har ya jiƙa mana riguna. Wata dattijuwa daga cikin baƙin ta kama hannuna tana cewa, "Ɗan nan, tun da na baro gida ban ga ruwa na gudu a ƙasa ba sai yau." Wannan haƙar ta ci 2,050,000.

Sai kuma sola, wadda ita ma an yi ta magana a kanta. Fanel da sumo da tanki da ƙafarsa sun tashi 1,900,000, alhali da janareta da ba za a kashe rabin haka ba. Gaskiya ne. Amma wa zai riƙa zuba mai kullum? Matar da aka kashe mijinta a gona, ko kwamitin da yanzu 180,000 kacal ya rage a asusunsa? Mun ga burtsatse nawa a garin nan da aka buɗe da kaɗe-kaɗe, wata uku suka zama wurin ɗaure awaki saboda babu kuɗin mai. Jimillar ruwa dai 5,850,000, fiye da kashi ɗaya cikin uku na duk abin da aka tara. Jimillar aiki 16,060,000. Kowane rasit yana cikin fayil, kuma ma'aji zai zauna da shi a zauren Mai Unguwa kowace Asabar bayan la'asar. Mai shakka ya zo da bironsa.

Godiyarmu ba za ta ƙirgu ba. Magadan da suka ba da siton, a lokacin da fili a bakin hanya ya zama zinariya, Allah ya kai ladan kabarin mahaifinsu. Alhajinmu mai kayan gini a Sabon Gari, wanda ya hana mu ambatar sunansa, shi ya ɗauki nauyin rabin kuɗin sola, kuma ranar da ramin farko ya ƙi, maimakon faɗa sai ya kira shugaba a waya ya ce, "Alhaji, a sake haƙawa, ina nan." Allah ya buɗa masa ta inda bai zata ba. 'Ya'yan unguwa mazauna Kaduna da Abuja da Legas sun yi karo-karo wata bayan wata ba su gaji ba. Hajiyar da ta sayar da ragunanta biyu ta aiko da kuɗin cikin ƙullin zane, matan Islamiyya da suka juya adashensu na zagaye guda, matasan da suka yi dakon bulo ranakun Asabar babu ko kuɗin shayi, Allah ya saka wa kowa. Mazan baƙin su ma sun yi leburanci kyauta, ramin banɗaki su suka haƙa shi.

Yau ɗaki goma sun kammala, gida goma suna ciki, mutum 63. Akwai masu cewa ai an yi sulhu a Birnin Gwari a ƙarshen 2024, har kasuwar shanu ta buɗe, kowa zai koma, me za a yi da ƙarin ɗakuna. Muna fatan haka fiye da kowa, kuma gida biyu sun koma ɗin. Amma ɗakunansu ba su kwana biyu babu kowa ba. Sansanin Minawawo na Kamaru an buɗe shi a 2013 don mutanen Borno, har yau da 'yan Najeriya a ciki. Wanda aka ƙona masa rumbu aka kore masa shanu ba ya komawa don an ce an yi sulhu a rediyo. In kuma Allah ya sa kowa ya koma, waƙafi ne, ɗakunan za su zama azuzuwa.

Gida shida har yanzu a Islamiyya suke kwana, cikinsu akwai mai jego da tsoho makaho. Ɗakuna huɗun gabas bangonsu ya kai linta, saura rufi da ƙofofi da daɓe. Babu madafa, a tsakar gida ake hura wuta, ga yara suna rarrafe. Babu katanga ta gefen hanya, mata suna wanki masu wucewa na kallonsu. Birkila da kafinta sun yi mana lissafi, 3,400,000 zai rufe ɗakunan ya tayar da madafa, katanga ta jira. Idan ruwan sama ya sauka a kan bangon nan babu rufi karo na biyu, gyara za mu koma yi ba ci gaba ba. Ba lallai sai kuɗi ba: buhun siminti ɗaya, fallen kwano biyar, tsohuwar ƙofar da ke jingine a bayan gidanka, tifar yashi, ko yini guda na ƙarfinka, duk muna so. Wanda kuma ya fi son ya sayi kayan da kansa ya kawo ya ga an kafa a gabansa, wannan ya fi mana sauƙi. Ma'aji yana ƙofar masallaci kowace Juma'a da littafin rasit, na mata kuma a miƙa wa uwargidan Malam Liman. Kafinta ya ce in kwano ya samu, kwana tara ya ishe shi.

Wassalam.
Sakatare, a madadin kwamiti.