Me ya sa 'yar fim kaɗai ke kwasar kunyar?

Malam Edita, assalamu alaikum.

Ina da ɗan shago kusa da kasuwar Wunti a Bauchi, ina tura wa mutane fina-finai a waya. Tarihin wata 'yar wasan Japan, Eiko Matsuda, na ci karo da shi, kuma tun ranar ya tsaya mini a rai.

A 1976 darakta Nagisa Oshima ya yi fim a kan Sada Abe, matar da ta kashe masoyinta a Tokyo a 1936, kuma Matsuda ce ta fito a matsayin Sada Abe. Fim ne na tsiraici ƙarara, har sai da aka kai shi Faransa aka wanke, don dokar Japan ba za ta bari ba. Ba kare shi nake yi ba, kuma ba zai taɓa shiga kwamfutar shagona ba. Amma a dubi yadda kowa ya ƙare. Oshima ya karɓi kyautar gwarzon darakta a bikin fina-finai na Cannes a 1978, shari'ar batsa da aka yi masa a gida kuma kotu ta sallame shi. Tatsuya Fuji, namijin da suka fito tare, ya ci gaba da wasa har furfura, ana ganin girmansa. Ita kuwa Matsuda 'yan fina-finai ta ƙara yi, sai aka daina jin ɗuriyarta. Ta rasu a 2011.

Abin da ya sa ya dame ni, 'yar yayata ce. Bara ta fito a wani gajeren wasan Hausa da aka ɗora a YouTube, da hijabinta har ƙasa, ko hannu ba wanda ya taɓa mata. A matsayin matar wani ta fito, shi ke nan. Sati biyu bayan nan dangin saurayinta suka aiko a mayar musu da kayan sa rana, wai ba sa auren 'yar fim. Ni na ɗauki akwatin na kai, don mahaifinta ya kasa. Yaron da ya fito a mijin nata kuwa an ɗaura masa aure bayan babbar sallah, ba wanda ya ce uffan.

Ina roƙon malamanmu da masu rubutu a jaridarku: in za a yi wa harkar fim faɗa, a haɗa da darakta da furodusa da jarumin, har da irina masu turawa. Yarinyar nan yau wata bakwai ko biki ba ta zuwa. Jiya ta ce mini, "Kawu, ka goge wasan nan daga kwamfutarka." Na goge a gabanta.

Naku,
Mai tura fina-finai, Bauchi