Buɗaɗɗiyar wasiƙa ga Malam Shehu Dikko: kafin a sake lissafa mana yawan tawagar da za ta Los Angeles

Assalamu alaikum Yallaɓai Shugaban Hukumar Wasanni ta Ƙasa. Fatan kana lafiya, Allah ya taya ka riƙo.

Ni mai gidan kallon ƙwallo ne a Gwammaja, nan cikin birnin Kano, kuma abin da ya sa na rubuto maka magana ɗaya ce da ta tsaya min a wuya tun watan Agustan 2024, wato maganar 'yan wasa 88 ɗin nan da Najeriya ta kai gasar Olamfik ta Paris. Na san lokacin ba kai ne a kujerar ba, ma'aikatar wasanni ce a hannun minista John Enoh, sai a watan Oktoba aka rushe ta aka miƙa maka komai. To amma wanda ya gaji gida ai ya gaji bashin gidan, kuma kai ba baƙo ba ne a harkar nan, ka riƙe gasar firimiyar Najeriya ka zauna a hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasa NFF, ka fi ni sanin yadda ake ɗinka tawaga a ofis.

Kafin a tafi Paris kullum abin da ake nanata mana a rediyo shi ne za mu da 'yan wasa 88 a wasanni 12, an ware biliyan 9 don Olamfik kaɗai. Mu kuma muka ɗauka, wallahi har da ni, na dinga faɗa wa yaran da ke shigowa kallo cewa bana sai mun kwaso lambobi. Na sayi mai na zuba a janareta ina haska musu wasannin da ko sunansu ba su sani ba, da aka sa dokar hana fita a Kano farkon Agusta ma ban haƙura ba, a tsakar gida muka dinga kallo da maƙwabta. Aka rufe gasa ko tagulla ɗaya babu. Irin na Landan 2012 sak.

Ba 'yan wasan nake zargi ba, Allah ya sani. D'Tigress, 'yan matanmu na ƙwallon kwando, sun doke Ostareliya sun doke Kanada sun kai zagayen kusa da na kusa da ƙarshe, abin da wata ƙungiyar ƙwallon kwando ta Afirka ba ta taɓa yi ba a Olamfik, maza ko mata. Mata uku muka samu a zagayen ƙarshe na dogon tsalle. Samuel Ogazi ya kai zagayen ƙarshe a mita 400. Yaran sun yi iya yinsu. Abin da ke ƙona min rai shi ne yadda aka mai da yawan mutane abin tinƙaho, kamar adadin da kansa lambar yabo ce, alhali cikin 88 ɗin ma 30 ƙungiya biyu ce kawai, Falcons 'yan ƙwallon ƙafa mata mutum 18 da 'yan kwando 12, waɗanda ko duk sun yi nasara lamba biyu ce za ta shiga lissafi.

Ka dubi Sent Lusiya, ɗan tsibirin da jama'arsa ba su kai na ƙaramar hukumar Dala ba. Mutum 4 suka kai, Julien Alfred ita kaɗai ta ɗauko musu zinare a mita 100 da azurfa a mita 200. Pakistan mai mutane sama da miliyan 200 kamar mu, 'yan wasa 7 ta tura, Arshad Nadeem ya jefa mashi mita 92.97 ya kafa sabon tarihin Olamfik ya tafi da zinare. Botsuwana ta zo da Letsile Tebogo ya ɗauki zinare a mita 200. Kenya lamba 11. Nijar ɗin nan maƙwabciyarmu da muke zuwa Maraɗi mu dawo a yini ɗaya, a Rio 2016 Abdoul Razak Alfaga ya ciyo musu azurfa a tekwando, mu a shekarar tagulla ɗaya tak muka samu a ƙwallon ƙafa, ita ma da ƙyar, don yaran sun maƙale a Atlanta sai ranar wasansu da Japan suka sauka a Manaus, suka shiga fili a gajiye suka ci 5 da 4. Na tuna daren da Sadiq Umar ya zura biyu Aminu Umar ya zura ɗaya a ragar Honduras a wasan neman tagullar, gidan kallona kamar zai tsage.

Kuma kar a fahimce ni a baibai, ban ce a rage tawaga ba. Amurka kusan mutum 600 ta kai Paris ta dawo da lambobi 126, ba wanda zai ce yawa ya cuce ta. Amma kai ka sani Olamfik ba biki ba ne da za a cika mota a tafi, kowane gurbi sai an ciyo shi, ko ɗan wasa ya cika ma'aunin lokaci ko nisa da aka gindaya, ko matsayinsa a jerin gwanayen duniya ya kai, ko ƙungiya ta tsallake wasannin share fage. Yawan Amurka daga makarantu da jami'o'insu yake fitowa, shekara da shekaru ana tirenin ana gasa. Namu gwanayen ma da yawansu can suka goge, Tobi Amusan a jami'ar Amurka ta yi, Favour Ofili haka, Ogazi haka. Mu sai dai in sun nuna mu sa hannu mu tsinko, mu ƙirga su a cikin 88, mu ce mun yi aiki.

To ko tsinkowar ma mun iya? Nan ne wallahi zuciyata ke tafasa. Ofili ta cika sharaɗin tseren mita 100, ta je Paris, sai da aka zo ta tarar ba a shigar da sunanta ba. Sunan mutum a takarda fa Yallaɓai, aikin da ba ya buƙatar ko kwabo. Ita ɗin ce dai a Tokyo tana cikin mutum 10 da aka hana su wasa saboda ba a yi musu adadin gwajin ƙwayoyin ƙara kuzari da doka ta ce ba, ba don an kama su da komai ba, sakaci ne kawai na waɗanda aka ɗora wa aikin. A cikin goman nan akwai Annette Echikunwoke mai jifan guduma, ta zaɓi Najeriya da zuciya ɗaya, aka kunyata ta, ta koma Amurka, a Paris ina zaune ina kallonta ta ɗauki azurfa da tutar Amurka a kafaɗa. Wani yaro a gidan kallo ya ce min, Baba ai wannan sunan namu ne, na rasa me zan ce masa. Ga Ese Ukpeseraye da sai tawagar Jamus ce ta ara mata keken da ta shiga tsere da shi. Waɗannan duk an ƙirga su a cikin tawaga, an yi alfahari da adadin, amma ranar da suke buƙatar mutum ɗaya ya tsaya musu babu shi. An kafa kwamiti a kan maganar Ofili, ya miƙa rahoto. Don Allah ka fito ka faɗa mana me aka aiwatar a ciki, kuma wa aka hukunta.

Sannan ka dubi 'yan wasanmu masu buƙata ta musamman, ba su kai 30 ba, makonni kaɗan bayan nan a birnin Paris ɗin dai suka dawo da lambobi 7, biyu zinare, Folashade Oluwafemiayo har da kafa tarihin duniya a ɗaga nauyi. Su ba a cika gari da labarin yawansu ba.

Akwai kuma abin da ya shafe mu nan Arewa, zan faɗe shi a taƙaice don ba ƙorafin ɓangaranci na zo yi ba. Ka ɗauko jerin sunayen Paris ka duba mutum nawa ne suka taso daga filayen Kano ko Katsina ko Sakkwato. Ba rabon kujera nake nema ba, gurbi cin sa ake yi. Amma ƙasar kokawa da dambe ce nan, ka zo dandalin Ado Bayero a Sabon Gari da yamma ka ga ƙarti. Bayelsa ta riƙe kokawa da gaske a hannun Daniel Igali har Blessing Oborududu ta ciyo azurfa a Tokyo, me zai hana a yi irin wannan a Ƙofar Mata? A 1996 da Garba Lawal da Tijjani Babangida aka ɗauko zinare a Atlanta. Yaran suna nan, kuma sun nuna suna so, ranar 31 ga Mayun 2025 fiye da mutum 20 na tawagar Kano suka rasu a gadar Ciromawa suna dawowa daga gasar wasanni ta ƙasa a Ogun, saura ƙiris su shigo gida. Allah ya jiƙansu da rahama. Har yau in aka ce tawaga su nake fara tunawa, saboda kowane lamba a cikin lissafin nan ɗan wani ne da uwarsa ta raka shi bakin ƙofa.

Da kuka shigo kun ce za a sake lale, za a riƙa tallafa wa manyan 'yan wasa tun da wuri ba sai gasa ta ƙarato ba. Mun ji, kuma ni dai ina cikin masu fatan hakan ya tabbata. Olamfik ta Los Angeles watan Yulin 2028 ce, wasannin neman gurbi kuwa tun kafin nan da nisa ake fara su, don haka kuɗin da aka saki saura wata biyu a tafi kuɗin jirgi ne da otal da alawus, ba ya ƙara wa kowa gudu.

Roƙona Yallaɓai, don girman Allah, in lokaci ya yi kar a fito a ce mana za mu da mutum kaza a tsaya nan. A wallafa sunan kowa da zai hau jirgin da kuɗin gwamnati, ɗan wasa da wasansa, koci da wanda yake horarwa, likita, jami'i da takamaiman aikin da zai yi a can, mu gani da idonmu 'yan wasa nawa ne 'yan rakiya nawa ne. A faɗi nawa aka kashe wa kowane ɗan wasa a shekarun shiri. Sannan a sa mutum ɗaya sananne da sunansa wanda shigar da sunaye da bin diddigin gwaje-gwaje ke wuyansa, yadda in aka sake yi wa wata yarinya abin da aka yi wa Ofili ba sai hukumar guje-guje ta nuna kwamitin Olamfik shi kuma ya nuna ta ba.

In ka samu sarari ka shigo Kano ka leƙa zauren wasanni na Ƙofar Mata ba tare da sanarwa ba, ka tambayi yaran da ke tirenin a wajen yaushe rabon da a kai su wata gasa ta neman gurbi. Ni zan ci gaba da haska wasannin in Allah ya kai mu 2028, kuma yaron nan da ya tambaye ni sunan Annette yana nan, har yanzu kullum sai ya shigo kallo.

Wassalam.
Naka, mai gidan kallo, Gwammaja, Kano.