Wasiƙa zuwa ga ɗana da zai fara sharhin wasanni

Assalamu alaikum, ɗana.

Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, mahaifiyarka ta shaida mini gidan rediyo ya ba ka shirin wasanni, kuma za ka riƙa rubuta shafi a jarida kowane mako. Allah ya sanya albarka. Sai dai ka sani, mai sharhin ƙwallon gida ba ɗaya yake da mai karanto labarin Firimiyar Ingila ba. Mutumin da zai saurare ka da daddare, da la'asar yana zaune a filin wasa na Abubakar Tafawa Ɓalewa da ke nan Bauchi, ya ga abin da ka gani. Ranar da ka ƙara gishiri, shi zai fara kama ka.

Wasannin NPFL, wato babbar gasar ƙwallon ƙafa ta Najeriya, galibi ƙarfe 4 na yamma ake take su, don haka ƙarfe 2 ta same ka a fili. Ka karɓi takardar sunayen 'yan wasa da zarar ta fito, ka kwafe sunaye da lambobin riga a kwali da manyan baƙaƙe, kowace ƙungiya gefenta, masu jiran canji a ƙasa. In Wikki Tourists, ƙungiyarmu ta Bauchi, ta karɓi baƙuncin Enyimba ko Rangers, je ka tambayi jami'insu yadda ake furta sunayen yaransu. Ɓata sunan mutum a iska raini ne, ko da ba da gangan ba.

Littafinka ka raba shi gida biyu, minti a hagu, abin da ya faru a dama. Ka danna agogo da busar farko, bayan hutun rabin lokaci kuma ka ci gaba daga 45. Kuskuren da ya fi yawa shi ne na wanda ya ci ƙwallo: an yi bugun kusurwa, kawuna sun haɗu, raga ta motsa, sai mai sharhi ya ambaci sunan wanda ya fi sani. Kada ka yi haka. Ka ce ƙwallo ta shiga, ka jira ka ga lambar wanda abokansa suka rufa a kai, in ta bugi ɗan baya ta canza hanya ka faɗa. Kuma duk bayan minti uku ko huɗu ka maimaita sakamako da mintin da ake ciki, saboda direban da ya kunna rediyo yanzu a hanyar Jos bai ji farkon ba.

Dokokin ƙwallo kuwa ka karanta su da kanka, don IFAB, hukumar da ke tsara dokokin ƙwallon ƙafa a duniya, tana yi musu gyara kusan kowace shekara. Babu satar gida daga jifa, ko bugun kusurwa, ko bugun gola. Daga kakar 2025/26, gola da ya riƙe ƙwallo fiye da daƙiƙa 8 bugun kusurwa ake ba abokan hamayya. Mai sharhin da bai san wannan ba zai ce alƙalin wasa ya yi zalunci, kuma maganar makirfo tana iya tunzura 'yan kallo su far wa bawan Allah. Ina roƙonka, kada ka taɓa cewa an sayi alƙali sai da hujjar da za ka iya kai wa gaban kotu.

Kayan aiki: layin waya biyu na kamfanoni daban-daban, domin in fili ya cika sabis yakan tsaya cak, batirin ajiya cikakke, soso a kan makirfo, musamman da hunturu, in ba haka ba iska ce kaɗai za ta shiga. Tsakanin bakinka da makirfo kamar taƙi guda. In za ka yi hira da koci bayan wasa, ja shi nesa da makaɗa, tambaya ɗaya a lokaci ɗaya, sannan ka saurari sautin da ka ɗauka kafin ya bar wurin.

A ɗakin watsa shiri, ka karanta rubutunka da ƙarfi kana duba agogo tun kafin a kunna jar fitilar da ke nuna an hau iska. Masu bugo waya ka ba kowa minti ɗaya. Wanda ya fara zagi ka katse shi nan take, ka nemi afuwar masu sauraro, don tashar ce NBC, hukumar da ke kula da gidajen rediyo da talabijin, za ta tuhuma, ba shi ba.

Shafin jarida wani abu ne daban. Mai karatu ya riga ya san ci nawa aka tashi, dalili yake nema. Ka ɗauki magana ɗaya ka bi ta har ƙarshe, misali me ya sa ƙungiya ke cin wasa a gida ta kasa a waje, ko yadda doguwar tafiya a mota ke karya 'yan wasa. Ka san tarihin wurinka: Wikki ta ɗauki Kofin Ƙalubale a 1998, Bauchi kuma ta karɓi wasannin kofin duniya na 'yan ƙasa da shekara 20 a 1999 da na 'yan ƙasa da 17 a 2009. Ka riƙa leƙa filin wasa na Fantami a Gombe, kada kuma ka manta da dambe da kokawa da langa, masu su ma suna da rediyo.

Sai maganar da ta fi damuna. Za a miƙo maka ambulan a ce kuɗin mota ne. Bakin da ya ci shi ke jin kunya: ranar da 'yan wasa suka yi watanni ba albashi, ba za ka iya faɗa ba. Albashin aikin nan ba yawa, na sani. Hanyar halal ita ce mai ɗaukar nauyin shiri, a rubuce, ta ofishin tallan tashar, a ambaci sunansa a fili. Ka yi rajista da ƙungiyar marubuta wasanni ta SWAN don katin shiga fili, kuma ko kana son Wikki har zuci, rigarta ka bar ta a gida ranar aiki.

Ka aiko mana da rana da lokacin shirin. Mahaifiyarka da ƙannenka suna gaishe ka. Allah ya yi maka albarka.

Mahaifinka,
Bauchi