Takardar Koke Zuwa ga Mai Martaba Sarkin Bauchi Kan Aikin Marigayi Adamu Halilu

Assalamu alaikum. Allah ya ja zamanin Sarki, ya ƙara masa lafiya da imani.

Bayan gaisuwa da ban girma, mu talakawanka, malaman makaranta da ɗalibai da wasu dattawan unguwannin Bauchi, mun kawo kukanmu ne a kan fim ɗin Shaihu Umar wanda marigayi Adamu Halilu ya shirya a 1976.

Ranka ya daɗe, labarin nan namu ne. Marigayi Abubakar Tafawa Balewa ya rubuta shi, kuma a Rauta, nan ƙasar Bauchi, ya zaunar da Shaihun yana ba almajiransa labarin kansa: yadda aka sace shi yana yaro, aka ƙetara Sahara da shi, mahaifiyarsa ta bi sawunsa har ita ma ta faɗa hannun masu cinikin bayi.

Adamu Halilu haifaffen Garkida ne ta ƙasar Adamawa, amma ya riƙe mana amanar littafin. A aikin majigin gwamnatin Arewa ya goge, daga baya ya karkata ga tarihi, har ya yi wani fim a kan Kanta na Kabi. Shi ba ya garaje. Shaihu Umar ya haura awa biyu, yakan bar ido ya ƙoshi da rawani da shimfiɗar karatu da ayarin raƙuma kafin ya wuce gaba. Umaru Ladan ne ya fito a Shaihun, Hausar kuwa irin wadda kakanninmu suka yi ce. Yaran yanzu za su ce ya cika jan rai. Su dai fara gani tukuna.

Shekaru da yawa ana zaton fim ɗin ya ɓace, sai a 2016 aka gano shi a ma'ajiyar fina-finai ta ƙasa da ke Jos. Aka gyara shi a Jamus, aka nuna shi a bikin fina-finai na Berlin a 2018. Turawa sun zauna suna bin fassara a ƙasan allo. Mu da ba mu buƙatar tafinta, 'ya'yanmu sun karanta littafin a aji amma ko sunan Adamu Halilu ba su taɓa ji ba. Wannan shi ya dame mu.

Muna roƙon Sarki ya sa baki a nemo izini daga Hukumar Fina-finai ta Najeriya, a nuna shi kyauta bayan sallar isha'i, ko a ƙofar fada ko a harabar hubbaren Tafawa Balewa, a kuma ba makarantun sakandare kwafi. In da hali, a keɓe gefe guda a ɗakin tarihin hubbaren, a rataya hoton Adamu Halilu da taƙaitaccen tarihinsa.

Kujeru da tabarmi da man janareto mun ɗauka.

Allah ya taimaki Sarki.

Mu ne talakawanka masu biyayya,
Malamai, ɗalibai da dattawan unguwannin Bauchi