Godiya ga shagon fina-finai na bakin tasha, saboda Mugambo

Assalamu alaikum.

Na zaɓi in yi wannan godiya a bainar jama'a, domin abin da kuka yi wa mahaifinmu ya wuce "na gode" ta fatar baki.

Tun da ciwon ƙafa ya kwantar da Baba bara, duniyarsa ta koma ɗaki ɗaya da rediyo. Wata rana bayan la'asar ya ce da ni, "Kai, ina ma in sake ganin Mugambo." Mutumin da a samartakarsa kuɗin ɗinkinsa ke ƙarewa a silima ke nan. Na zo shagonku da memori, niyyata a tura min fim ɗaya in kama gabana.

Sai Malam mai shagon ya jawo min benci. Ya ce Mugambo ai sunan bos ne a fim ɗaya, Mr. India na 1987, sunan mutumin Amrish Puri. An haife shi a Punjab a 1932. Ya bi sawun yayansa Madan Puri zuwa Bombay, aka yi masa gwajin fim ya faɗi, sai ya kama aiki a ofishin inshorar ma'aikata na gwamnati. Da rana yana kan tebur da takardu, da dare yana wasan kwaikwayo kan dandamali wajen darakta Satyadev Dubey, yana saita muryar nan da daga baya ta hana yara barci. Sai da ya doshi shekara 40 kafin fim ya buɗe masa ƙofa, kuma lambar yabon da ya samu a 1979 ta wasan dandamali ce. Ya rasu a Janairun 2005, bayan fina-finai sama da 400.

Ni dai na saki baki. Ban taɓa zaton mai tura fim a waya zai san wannan ba, Allah ya yafe min raini.

Mako uku kuka yi kuna tattaro mana aikinsa: na yaren Hindi, na yaren Telugu tare da jarumi Chiranjeevi, na yaren Tamil tare da jarumi Rajinikanth, har da na Turanci, Indiana Jones na 1984. Kowanne kun rubuta masa suna da manyan baƙi a takarda saboda idon Baba. Da na gaya masa a wannan fim na Amurka aka aske wa Mugambo kai ya zarce da ƙwaryar molo, ya ce ƙarya ne, da sanƙonsa aka haife shi. Har yau ba mu daidaita ba.

Wanda ya fi taɓa shi shi ne na 1995 da Shah Rukh Khan, inda ya fito a uba mai tsauri yana watsa wa tattabaru hatsi. Baba ma'abocin kiwon tattabaru ne. Ya yi shiru, can ya ce in mayar masa baya. Sau huɗu muka kalli wurin.

Da memorin ya lalace a wanki, laifin ƙanena, kun sake tura komai ba ku karɓi ko sisi ba.

Baba ya ce in gaishe da Malam da yaran shago, Allah ya ƙara kasuwa, ya raba ku da hasara. Ya kuma ce in tuna muku fim ɗinsa na yaren Malayalam ɗin nan da kuka yi alkawari, yana nan yana jira.

Naku,
ɗan tsohon tela, daga Fagge, Kano